Matar da Take Durƙusa wa Yara

Daga Allah muka zo, wurinSa kuma za mu koma, kowa da ranarsa. Gwaggo, ƙanwar mahaifinmu, ta koma ranar Talata da hantsi, ana yayyafi. Kafin azahar mun kai ta makwancinta.

Ban taɓa ganin gidanmu ya cika haka ba, ko ranar da Yayana ya dawo daga aikin soja. Mutanen unguwarmu ta Zango sun zo, wannan ba abin mamaki ba ne. Waɗanda suka ba liman wahala su ne matan ƙabilar Ga masu bandar kifi a bakin teku, dangin maiɗakina. Sun shigo da kuka irin nasu, da ƙarfi, hannu a ka, sai da ya aika a roƙe su su sassauta. Suka sassauta kaɗan, suka koma. Wata doguwa mai furfura a cikinsu ta riƙe mini hannu, tana gaya mini da Hausarta ta kasuwa cewa jikanta bai iya cewa komai ba sai da ya fara zuwa shan koko wurin Gwaggo. Ban san matar ba, ban san jikan ba.

Wani ɗan sanda kuma, ƙato da jar hularsa, ya zo ya tsaya gabana zai yi gaisuwa. Ya buɗe baki, magana ta ƙi fita. Na san shi tun yana yaro mai in'ina, na kuma san an yi shekaru in'inar ta sake shi. Ranar ta dawo masa. Mutum biyu suka yi caraf za su ƙarasa masa addu'ar, ya ɗaga musu hannu. Muka tsaya muna jiransa, gumi na zubo masa, har ya kai ƙarshen "Allah ya ji ƙanta" da bakinsa. Daga baya ya ce mini ita ta koya masa haka, kada ya yarda kowa ya ƙarasa masa magana.

Maƙwabciyarmu Bayarabiya ita ce ta faɗi abin da ya tsaya mini a rai. Tana zaune cikin mata ta ce, "To yanzu wa zai riƙa yi wa 'ya'yanmu hira?" Wasu suka yi 'yar dariya cikin hawaye. Ni ban yi ba. Autata na zaune a ƙofar ɗakin Gwaggo tana kallon masu shiga da fita. Ta wuce shekara uku, kuma kalmomin da ke bakinta ba su cika tafin hannu ba.

Karatuna bai yi nisa ba, hannuna ya fi sabawa da igiyar huhun goro fiye da alƙalami. Amma na ga yadda ake manta mutum a Zangon nan na Ankara ta bakin teku. Dukkanmu baƙi ne. Yau ayari ya sauka daga Salaga, gobe jirgin ruwa ya kwashi rabin mutanen zuwa Ikko, jibi ka tambayi wane a ce wane ne kuma haka. Ba na so a yi wa Gwaggo haka, shi ya sa na zauna rubuta wannan.

Ta zo garin nan ne bayan mijinta, lokacin da Turawa suka zaunar da sojojin Hausa a bakin teku. Mijin ya rasu, 'ya'yan da ta haifa babu wanda ya kai yaye. Ba ta sake aure ba, ba ta koma gida ba. Ta kafa tukunyar koko da kaskon ƙosai a bakin lungunmu, nan ta tsufa. Da ni da Yayana muka iso, a ɗakinta muka fara ajiye kaya.

Mutane sun ce tana da surutu, wasu ma sun ce da taɓi. Dalili kuwa, ba ta yin aiki shiru in akwai yaro kusa. Mata masu zuwa kasuwa kan bar mata jarirai, ta goya ɗaya, ta zaunar da biyu a tabarma, sai ka ji ta tun daga bakin titi. Ga gero nan, mun jiƙa shi. Ga ruwa, sanyi gare shi, taɓa ka ji. Yanzu za mu tace. Wannan citta ce, yaji gare ta, kada ka sa a baki, to ka sa, ai ga shi nan ka ji. Jaririn da bai san hannunsa ba take yi wa wannan bayani. In ya yi wani ɗan gurnani sai ta tsaya cak, ta juyo da kai, ta ce, "Haka ne? To ai ban sani ba." Ta jira ya sake yi, ta sake amsawa. Na taɓa ce mata, Gwaggo, wannan ai ba ya jin ki. Ta ce in ba ya ji yau, a ina zai samo abin da zai faɗa baɗi? Ko ina tsammani daga sama yake faɗo musu?

Ba ta yi wa yaro magana a tsaye. Da gwiwoyinta masu ciwo, sai ta dafa bango ta durƙusa har idonta ya yi daidai da nasa. Tashi kuma ya zama aiki, sai an kama ta. Yayana ya sha ce mata ba daidai ba ne babba ya durƙusa wa yaro, mutane na gani. Ta ce shi ya je ya gwada yin hira da mutumin da ke kan rufin ɗaki, ya dawo ya gaya mata yadda wuyansa ya yi.

In yaro ya zo ya nuna tukunya da yatsa, ba ta hana shi, ba ta kuma yi masa saurin zubawa. Sai ta ɗaga ludayi a hannu ɗaya, ƙosai a ɗaya, ta ce, "Koko, ko ƙosai?" Sannan ta yi shiru. Wannan shirun nata ya kori masu saye da yawa. Mutum na tsaye da ƙwarya a hannu zai tafi aiki, ita kuwa tana jiran ɗan shekara biyu ya yanke shawara. In yaron ya ce "ko", ta ce, "Koko. Koko mai zafi," ta zuba masa. In bai ce komai ba ya dai kalli ƙosan, ta ce, "Ƙosai kake so," ta ba shi. Ban taɓa jin ta ce wa yaro "ce kaza" ba. Ta tsani wannan. Ta ce yaro ba aku ba ne. Ba ta kuma gyara masa a ce ba haka ake faɗa ba, sai dai ta maimaita daidai, ta ƙara masa kalma guda a kai, ya tafi da ita gida.

Abin da ke tayar mata da hankali shi ne a amsa wa yaro. Ka tambayi ƙaramin, babbar yayarsa ta yi caraf ta ba da amsa. Nan take Gwaggo za ta ce, "Ke na tambaya? Bar shi, nema yake." Da yamma in ta tara su tana tatsuniya, takan kai wurin da kowa ya sani ta yi kamar ta manta. Ta dafe kai, ta ce tsufa ya kama ta, wane ne ma ya shiga rijiyar? Manyan ta hana su da ido. Ta zuba wa mafi shirun cikinsu ido har sai ya taimake ta.

Ta yi faɗa da mutum guda faɗan da Zango bai manta ba. Wani mahauci ne, mai barkwanci, ya kwaikwayi in'inar yaron nan da ya zama ɗan sanda, a gaban tukunyarta, mutane suka yi dariya. Gwaggo ta karɓe ƙwaryar daga hannunsa, ta juye kokon cikin tukunya, ta miƙa masa ita wayam. Daga ranar bai sake shan kokonta ba har damina ta zagayo. Ya aiko da manya, ta ce ba ita ya yi wa ba. Sai da ya je ya sami yaron ya ba shi haƙuri, babban mutum da gemunsa. Ranar jana'iza shi ya fara kama makara.

To, autata. Sunan Gwaggo aka sa mata, don haka Takwara take kiranta. Ta yi zama da rarrafe da tafiya a kan lokaci, amma baki shiru. Sa'o'inta suna ta zuba, ita sai nuni da yatsa da kuka. Uwarta ta rame a tsaye. Ni kuma ba mai magana ba ne, in na dawo daga zaɓen goro jikina duk a mace yake, in ci tuwo in kwanta. Gwaggo ta taɓa ce mini tana jin ina yi wa goro magana in ya fara lalacewa, amma 'yata ba ta san muryata ba sai in na ce a kauce.

Yayana shi ne mai gida, kuma yana son yarinyar, kada wani ya karanta wannan ya ɗauka mugu ne. Tsoro yake ji. Ya ce ya ga bebaye a garuruwan da ya yi soja, ya ga yadda yara ke jifansu, kuma mace ce. A ganinsa abu biyu ne suka ɗaure ta. Na ɗaya, yare biyu da ake zuba mata a kunne, Hausa a tsakar gida, yaren Ga a ɗakin uwarta. Ya hana maiɗakina yi mata yarensu. Ita kuwa Hausarta ta saye da sayarwa ce, ba ta san yadda ake lallashi da ita ba, ba ta san waƙar goyo da ita ba. Da aka hana ta nata sai ta daina yi wa yarinyar magana gaba ɗaya. Na biyu, ya ce linzami ne, 'yar tsokar nan da ke riƙe harshe ta ƙasa, a kira wanzami ya yanke. Ni da na ji wanzami sai na tuna abin da na gani. A lungunmu aka yanka wa wani yaro, jini ya ƙi tsayawa, zazzaɓi ya biyo baya, bai tashi ba.

Gwaggo ba ta yi musu da shi ranar ba. Washegari ta zaunar da yarinyar tana wasa, ta zagaya bayanta ta taɓa tasa da ɗan cokali a hankali. Yarinya ta waiwayo. Ta koma ɗaya gefen ta kira ta da raɗa. Ta waiwayo. Sannan ta lakato zuma ta shafa mata a leɓen sama, kusa da hanci. Yarinyar ta zaro harshe ta lashe tas. Gwaggo ta ce wa Yayana ya duba da kyau, harshen da ya kai nan ba a ɗaure yake ba, me za a yanka? Ya ce shi ba zuma yake so ta lasa ba, magana yake so ta yi.

Akwai kalma guda da take faɗa mini kullum da safe in zan fita. Ta biyo ni har zaure, ta miƙo hannu ta ce, "Ba. Ba." Ni kuwa sai in ce to, "ba ni" take son cewa, rabin ya maƙale. In ba ta ƙosai, ta yar. In ba ta rake, ta yar. Har hulata na taɓa cirewa na ba ta. Ta jefar, ta faɗi ƙasa tana birgima. In ƙetare ta in tafi aiki raina a ɓace. Yayana ya ce ka gani, kalma ɗaya gare ta, ita ma roƙo ce, kuma ba ta san abin da take roƙo ba.

Wata safiya Gwaggo na zaure ta ga abin da idonta. Ta ce in tsaya. Ta ce in dubi hannun yarinyar. Mai roƙo tafinsa sama yake kallo. Nata ƙasa yake kallo, yatsun suna yafitowa. Ta sa aka kira maiɗakina, a gaban Yayana, ta ce mata, "A bakinku, me ake nufi da ba?"

Gwaggo ta san amsar, ta tsufa tana sayar wa mutanen Ga koko. So take uwar ta faɗa da bakinta. Maiɗakina ta dubi Yayana, ta sunkuyar da kai, ta ce, "Zo."

Na san kalmar. Wa bai san ta ba a garin nan? Amma bai taɓa zo mini a rai ba cewa 'yata da yaren uwarta take kirana. Gwaggo ta ce, "To an ce ka zo. Sai ka je." Na ajiye igiyata na bi ta. Ta kama mini ɗan yatsa ta ja ni bayan ɗakin girki, inda kazarmu ta kwanta a kan ƙwai cikin tsohon kwando. Ta nuna mini, ta dube ni. Abin da take so ke nan tun tuni, in zo in gani.

Da muka dawo zaure faɗa ya kaure. Yayana ya ce ai maganarsa ce ta fito, 'yar Musulmi, jikar Bakano, ta buɗe baki da yaren masunta. Gwaggo ta ce masa shi da ya yi soja, da yare nawa yake zagi? Ta ƙirga masa, Hausa, Tonancin mutanen ƙasar goro, Yarabanci, har da na Bature in ya sha rana. Ta ce harshensa ya ɗaure? Ta ce yaro ba ƙwarya ba ne da za a ce ta cika. A bar uwa ta yi wa 'yarta magana da bakin da take mafarki da shi, mu kuma mu yi mata da namu, yarinya za ta raba su da kanta. Abin da ya kusa kashe mata baki shi ne da aka rufe na uwarta.

Yayana ba ya ɗaga wa Gwaggo murya, ita ta rage mana a madadin uba. Sai ya ce, "Muddin kina raye ba zan saɓa miki ba." Ta ce ta ji, Allah ya ba ta tsawon rai don ta ba shi haushi.

Allah bai ba ta ba. Daga wannan safiya zuwa rasuwarta 'yan watanni ne. A cikinsu yarinyar ta samu wasu kalmomi, kaɗan, ɗaiɗai, yawanci na uwarta. Da damina ta kankama tari ya kama Gwaggo, ta bar tukunya. Ko a kwance ba ta daina ba, takan sa a kawo mata Takwara a zaunar kusa da kanta, tana gaya mata sunan abin da ke ɗakin da muryar da ba ta fi raɗa ba. Ana gobe za ta rasu na shiga gaishe ta bayan la'asar. Ba ta yi mini wasiyyar kaya ba. Ta ce, "Kai ba ka da haƙuri, na sani. Ka ara."

Bayan sadakar bakwai, da baƙi suka watse, Yayana ya kira ni zaure. Tun kafin ya buɗe baki na san zancen. Ya ce ya cika wa Gwaggo alkawari, yanzu kuma yarinya na girma, in tsoka ta yi ƙwari yankan ya fi wuya. Ya riga ya yi wa wanzami magana.

Ban taɓa ce wa Yayana a'a ba tunda aka haife ni. Shi ya biya mini sadaki, a gidansa nake. Na ce, "Yaya, ka yi haƙuri, ba za a sa mata aska ba." Ya dube ni kamar bai san ni ba. Ya ce in ta tashi bebiya fa, wa zan ce ya jawo? Na ce ni. Ya ce da wa za a yi aikin, tunda mai yin ta tafi, ni da ko sallama da ƙyar nake amsawa? A ƙarshe ya ce ya ba ni zuwa kamawar watan azumi. In har lokacin ba ta haɗa magana kamar 'ya'yan mutane ba, ba zai sake tambayata ba, zai kira wanzami.

Tun ranar barcina ya ragu. Ina dawowa da wuri, abokan aiki suna ta yi mini tsiya wai na zama mai reno. Nakan zo da goro a aljihu in zauna da ita a ƙasa. Wannan fari ne. Wannan ja. Wannan ya bushe, ba ya da kyau. Muryata a kunnena kamar ta wani. In yi shiru in jira, ita ma ta yi shiru tana kallona, har in rasa wanda ke jiran wani. Ban san ko daidai nake yi ba, kuma babu wanda zan tambaya.

Shekaranjiya da rana maiɗakina ta dawo daga wurin danginta da bandar kifi a kwando. Yarinyar na gefena a tsakar gida, Yayana na zaure. Na ce a raina tunda kalmomin uwarta sun fi zama a bakinta, bari in bi ta can. Na ɗauki kifi guda na ɗaga mata, na ce da yaren Ga, yadda nake ji a kasuwa, "Loo."

Ta dube ni, ta dubi kifin. Ta ɓata fuska kamar na yi abin kunya. Ta ce, "Kifi."

Ban taɓa jin wannan kalma a bakinta ba. Uwarta ta karɓi kifin daga hannuna, ta ɗaga mata shi, ta jira. Yarinyar ta ce, "Loo," ta miƙa hannu a ba ta.

Daga zaure Yayana ya ce, "Me ta ce?"

Na ce, "Sai ka shigo ka tambaye ta da kanka, Yaya."

Bai shigo ba. Bai kuma janye maganar azumi ba, har yau da nake rubutun nan. Kalma ɗaya ba magana ba ce, na sani, kuma wata na tafiya.

Allah ya ji ƙan Gwaggo, ya yafe mata, ya haskaka makwancinta. Ta jira 'ya'yan mutane har suka sami abin faɗa. Allah ya sa masu tambaya a kabari su yi mata sannu, ya daidaita harshenta a kan amsa. Takwararta kuma Allah ya buɗe mata baki kafin a ga wata. Amin.